Abubakar Imam: Malamin Makarantar Da Ya Koya Wa Arewa Aikin Jarida

A watan Janairun 1939 jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa daga Zariya, ana sayar da ita kwabo ɗaya. Wanda aka damƙa wa ragamar shirya ta da Hausa bai kai shekara 30 da haihuwa ba, kuma bai taɓa zama a ɗakin labarai ba. Malamin makaranta ne da aka ɗauko daga Midil ta Katsina, sunansa Malam Abubakar Imam. A lokacin babu makarantar koyon aikin jarida ko ɗaya a Nijeriya; sai a 1961 Jami'ar Nsukka ta fara ba da digiri a wannan fanni. Don haka da yawa daga waɗanda suka iya aikin a Arewa cikin shekarun 1940, a ofishin Gaskiya suka koye shi, kuma Imam ne babban malamin wurin.

An haife shi a Kagara, cikin Jihar Neja ta yanzu, a 1911, a gidan malanta da alƙalanci. Mahaifinsa Malam Shehu Usman alƙali ne, yayansa kuma Malam Bello Kagara, wanda ya koyar a Kwalejin Katsina, daga baya ya zama Walin Katsina. Imam ya shiga kwalejin a 1927, ya gama a 1932, ya kama koyarwa. Shekara ɗaya bayan haka Hukumar Talifi ta Zariya, ƙarƙashin Dokta Rupert East, ta shirya gasar ƙagaggun labarai. Ruwan Bagaja na Imam da Ganɗoki na yayansa suna cikin waɗanda suka yi fice, tare da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo.

East ya ga alƙalamin Imam yana da kaifi, sai ya nemi a ba shi aronsa. A 1936 Imam ya yi wata shida a Zariya yana rubuta Magana Jari Ce. Ya riƙa karanta littattafan Larabawa da na Turawa, ya rubuta, East ya duba, su zauna su tattauna abin da za a rage da abin da za a ƙara. A wannan zama ne ya ƙware wajen tsara magana a rubuce yadda mai sauraro ba zai ƙosa ba, ita ce kuwa ƙwarewar da ya shiga aikin jarida da ita.

Gaskiya ba ita ce jaridar farko a Arewa ba. Tun 1932 gwamnati na buga Jaridar Nijeriya Ta Arewa da Hausa da Larabci da Ingilishi, amma jefi-jefi take fitowa, kuma ba ta wuce hannun sarakuna da ma'aikatan En'e ba. Kudu kuwa ta yi nisa, don tun 1859 aka fara buga Iwe Irohin a Abeokuta. Abin da ya zaburar da Turawan mulki shi ne gajimaren Yaƙin Duniya na Biyu da jita-jitar da ta cika kasuwanni, har ana cewa za a miƙa Nijeriya ga Jamus. Suna son bakin da zai faɗi nasu labarin. Aka naɗa wani jami'in mulki, L. C. Giles, ya kula da jaridar, Imam kuma ya zama editan Hausa.

Gwamnati farfaganda take so, amma malami ta ɗauko, shi kuwa bai bar halinsa na malanta a Katsina ba. Ya san mafi yawan waɗanda labari zai kai gare su ba su iya karatun boko ba, karanta musu za a yi. Saboda haka ya riƙa rubutu da Hausar da kunne zai kama nan take, da karin magana da barkwanci, ya bayyana inda ƙasashen da ke yaƙi suke da abin da ya haɗa su faɗa. Aka riƙa haɗa jaridar da wata 'yar takarda ta ajami, 'Yar Gaskiya, domin malaman zaure da almajiransu.

A ƙasar noma ta kudancin Katsina wannan tsari ya dace da zaman jama'a. Tun ƙarshen shekarun 1920 jirgin ƙasa ya ratsa Funtuwa daga Zariya zuwa Gusau da Ƙaurar Namoda, cinikin auduga ya bunƙasa, aka kafa gidajen gurza, ga gonar irin auduga a Daudawa. Hanyar da ke fitar da auduga ita ke shigo da jarida. Daga Funtuwa ta bi 'yan kasuwa da malaman gona da na haraji zuwa Bakori da Ɗanja da Mahuta da Malumfashi. Kwafi ɗaya kan ishi unguwa: mai karatu ya zauna a ƙofar gidan mai gari bayan la'asar, jama'a su kewaye shi, a ji labarin yaƙin Bama inda 'ya'yan Arewa ke fafatawa, a ji shawarar noma da ta tsabta, a yi gardama a watse.

Darasi mafi girma da Imam ya koyar yana cikin filin wasiƙu. Ya nuna wa malamin elemantare da akawun kotu cewa suna iya ɗaukar alƙalami su yi kuka a kan zaluncin masu karɓar haraji, ko cin hanci, ko ƙarancin makarantu, a buga kowa ya gani. Ya riƙa gyara wasiƙun, ya tace abin da zai jawo shari'a, ya ba da amsa ga wanda ke neman bayani. Matasa 'yan boko irin su Sa'adu Zungur da Aminu Kano sun yi amfani da jaridun Zariya wajen fito da ra'ayinsu. A cikin ofis kuma, ma'aikata irin su Nuhu Bamalli, wanda daga baya ya zama ministan harkokin waje, sun goge a aikin fassara da tace rubutu. Aikin ba mai sauƙi ba ne. Jaridar ta gwamnati ce, sarakuna na sa ido, masu zafin ra'ayi kuma na ganin editan ya cika lallami. Imam ya zaɓi gyara a hankali, ya faɗi magana mai ɗaci cikin lafazin da fada za ta iya haɗiyewa.

A 1943 ya bi ayarin 'yan jaridun Afirka ta Yamma zuwa Ingila, shi kaɗai ne ɗan Arewa, tare da Dokta Nnamdi Azikiwe. Da aka shirya takardar neman 'yancin kai, ya ƙi sa hannu, domin a ganinsa Arewa ba ta da isassun masu ilimin zamani da za su riƙe nasu rabo. Ya gana da Lord Lugard, ya zayyana masa matsalolin mulkin En'e da koma-bayan ilimi. Labarin tafiyar shi ne littafinsa Tafiya Mabuɗin Ilmi. A 1945 aka kafa Kamfanin Gaskiya a Tukur-Tukur, Zariya, da maɗaba'arsa, a 1948 kuma ya fara buga Nigerian Citizen da Ingilishi. Imam na cikin waɗanda suka assasa Jam'iyyar Mutanen Arewa, ya kuma yi wakilci a majalisa.

A 1954 hukumar talifi ta Jihar Arewa, NORLA, ta kama aikin samar da abin karantawa ga ɗaliban yaƙi da jahilci. Kowane lardi ya samu jaridarsa: Himma a Katsina, Sodangi a Kano, Zaruma a Sakkwato, Bazazzaga a Zariya, Zumunta a Bauci. Duk salon Gaskiya suka bi. Shi kuwa Imam, bayan ya bar aikin jarida, ya koma Hukumar Ɗaukar Ma'aikata ta Jihar Arewa. A 1966 Gaskiya Ta Fi Kwabo ta koma ƙarƙashin kamfanin New Nigerian a Kaduna. Allah ya yi wa Imam rasuwa a Zariya ranar 19 ga Yunin 1981.

Abin da muka sani game da wannan zamani, wasu 'yan tsirarun masana ne suka tsare mana shi. Farfesa Ibrahim Yaro Yahaya ya jera tarihin hukumomin talifi da jaridunsu a Hausa A Rubuce, 1988. Alhaji Abdurrahman Mora ya shirya tarihin rayuwar Imam daga rubuce-rubucensa, aka buga a 1989. Daga kudancin Katsina kuma, Farfesa Ibrahim Malumfashi ya bi diddigin tushen labaran Imam a littafinsa Adabin Abubakar Imam. Funtuwa ma ta ba da nata a fagen aikin jarida: marigayi Malam Isma'ila Isa Funtuwa, wanda ya rasu a 2020, ya kafa jaridar The Democrat a Kaduna, ya shugabanci ƙungiyar masu gidajen jaridu ta ƙasa.

Aikin da ya rage yana cikin tsofaffin fitowar jaridun kansu. Gidan Adana Takardun Tarihi na Ƙasa da ke Kaduna da Gidan Arewa suna ajiye da irin waɗannan takardu, amma takarda ba ta jure zafi da gara. Ɗaliban aikin jarida a Bayero da Ahmadu Bello da jami'o'in Katsina sun fi sanin tarihin jaridun Landan da Legas a kan na Himma, alhali a shafukanta da na Gaskiya ne za a ga yadda manomin lardin Katsina ya fara magana da hukuma a rubuce. Ɗaukar hoton shafukan nan a sa su a intanet bai fi ƙarfin sashen jami'a guda ba, in gwamnatin jiha ta tallafa. In an yi haka, malamin sakandare a Mahuta zai iya buɗe wa ɗalibansa fitowar 1955 a waya, su karanta da kansu abin da aka rubuta a kan ƙasarsu.