Wurno

Wurno gari ne a Jihar Sakkwato, kusa da kogin Rima. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya mayar da shi ribaɗi, wato sansanin tsaron iyaka, a nan ya rasu a 1837, a nan kuma kabarinsa yake. Akan ce darajar garin daga wannan tarihi take. Da ƙamshin gaskiya a maganar, amma ribaɗi ba ya zaunuwa sai da abinci. Fadamar Rima ce ta riƙe jama'a bayan yaƙe-yaƙe sun wuce: shinkafa da damina, albasa da tafarnuwa da rani. Madatsar ruwan Goronyo ta faɗaɗa noman rani, ko da yake ambaliyar 2010 ta cinye gonaki masu yawa a kwarin.