Mutum Goma na Alikwifa

A zamanin da, a ƙasar Amurka, mai masana'anta ya kan sallami ma'aikacinsa duk sa'ad da ya ga dama, ba mai tambayarsa dalili. Har a shekara ta 1908 Kotun Ƙoli ta ƙasar ta rushe wata doka wadda ta hana kamfanonin jirgin ƙasa korar mutum don ya shiga ƙungiyar ma'aikata. Alƙalai suka ce ciniki ne tsakanin mutum biyu, gwamnati ba ta da bakin magana a ciki.

Haka a ke tafiya har ran 5 ga watan Yuli, 1935, da Shugaba Roosevelt ya sa hannu a kan dokar da a ke kira da sunan Sanata Wagner. Dokar nan ta ba ma'aikata ikon kafa ƙungiya, ta kuma kafa hukuma mai sauraron ƙararsu. Aka ba hukumar ikon ta sa a mai da wanda aka kora bisa zalunci bakin aikinsa, a kuma biya shi albashin da ya wuce shi.

To, a garin Alikwifa, bakin kogin Ohayo, cikin jihar Fensilbaniya, akwai wata babbar maƙerar ƙarfe ta kamfanin Jones & Laughlin, mai ma'aikata wajen 10,000. Kamfanin ya sallami mutum goma, galibinsu shugabannin ƙungiya, ya ce laifofin aiki suka yi. Da hukuma ta zauna, sai lauyoyin kamfanin suka ce ba ta da ikon jin maganar, suka janye. Hukuma ta saurari shaidu, ta tabbatar saboda ƙungiya aka kore su. A 1936 ta yi umurni a mai da su, a biya su hasarar albashinsu, a kuma liƙa sanarwa kwana 30 cewa ba za a sāke haka ba. Kamfanin ya ƙi, kotun ɗaukaka ƙara kuwa ta goyi bayansa.

Magana ta kai Kotun Ƙoli. Hujjar kamfanin ita ce, narka ƙarfe sha'anin cikin jiha ne, ba ruwan gwamnatin tarayya. Ran 12 ga Afrilu, 1937, Babban Alƙali Hughes ya karanta hukunci, alƙalai biyar suka rinjayi huɗu. Ya nuna daga Mishigan da Minesota a ke kawo tama, kuma wajen kashi 75 cikin 100 na ƙarfen wajen jihar a ke kai shi. Saboda haka in aiki ya tsaya a Alikwifa, cinikin jihohi da yawa ne ya tsaya. Ya ce har yanzu maigida na da ikon sallamar wanda ya yi laifi, amma ba shi da ikon fakewa da wannan don ya tsoratad da masu ƙungiya. Umurnin hukuma ya tabbata. Cikin watan Mayu ma'aikatan kamfanin suka yi yaji, sa'an nan aka yi ƙuri'a, wajen 17,000 suka zaɓi ƙungiya, wajen 7,000 suka ƙi.

Daga baya aka yi wa wannan hakki iyaka. A 1941, cikin shari'ar kamfanin Phelps Dodge, kotu ta ce a riƙa cire abin da mutum ya samu a wani wurin aiki lokacin da ya ke a kore, har da abin da ya ƙi nema da gangan, gama maida hasara a ke nufi, ba horon kamfani ba. A 1947 majalisa ta ƙara da cewa wanda aka dakatar ko aka kora bisa laifi na gaskiya, ba a tilasta a mai da shi, ba a kuwa biyansa. A 2002 Kotun Ƙoli ta hana albashin baya ga wanda ba shi da izinin aiki a ƙasar.

Maƙerar Alikwifa kanta an rufe yawancinta cikin shekarun 1980, garin ya ragu ƙwarai. Amma hukuncin da aka yanke saboda mutum goman nan, shi ne tushen da shari'ar ma'aikata ta Amurka ta ginu a kai.