Talakan Lajawa da Ƙarar Haraji

Hausawa na cewa waiwaye adon tafiya. Idan muka waiwayi ƙauye irin Lajawa ta ƙasar Wudil, za mu tarar haraji ya girmi zuwan Turawa, domin tun can manomi na biyan kuɗin ƙasa, marini kuma kuɗin karofi. Bayan Turawa sun ci Kano a 1903, sai dokar Lugga ta 1906 ta tattara waɗannan kuɗaɗe wuri guda. Daga baya aka shigo da taki, wato malamai su auna gonar mutum da takun ƙafa, su yanka masa abin da zai biya.

To, idan malamin taki ya yi wa mutum aringizo, ina zai kai kuka? Mai unguwa da dagaci su ke karɓa, su miƙa wa hakimi, Makaman Kano, shi kuma ya kai Baitulmali. Alƙalin da zai saurari ƙarar ma'aikacin En'e ne, 'yan doka na En'e ne, haka ma gidan yari. Ashe mai yankawa da mai karɓa da mai hukunci duk tuwonsu ɗaya. Majalisar Sarki Abbas, wanda ya yi mulki daga 1903 zuwa 1919, takan saurari koken talakawa a kan gonaki, amma tafiya birni a tsaya gaban Sarki a ƙalubalanci dagacin da gobe za a kwana gari ɗaya da shi sai mai ƙarar kwana. Saboda haka wanda ya gaza yakan sayar da akuya ko hatsin da zai ci da damina, ko kuwa ya sulale da dare ya bar gonar.

Da shari'a ta gagara, sai kukan ya koma fagen siyasa. Jam'iyyar NEPU da aka kafa a 1950 ta riƙe zancen haraji da jangali, magoya bayanta da dama kuma suka sha ɗauri a hannun alƙalan En'e. A 1968 aka ƙwace kotuna daga hannun sarakuna, sannan a Oktoban 1979 Gwamna Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali a Jihar Kano. A 2007 dokar tarayya ta kafa kotun ɗaukaka ƙarar haraji, ta ba wanda bai gamsu ba kwana 30 ya kai kukansa.

Mu marubuta, nan aikinmu yake. Dattawan da suka ga an shanya mutum a rana saboda haraji suna ƙarewa. Mu je Lajawa da makamantanta mu ji daga bakinsu mu rubuta, don ɗan kasuwar da aka liƙa wa takardar bashin haraji a ƙofar kanti ya san cewa damar musantawa gaban alƙali da wuya aka same ta, kada ya yi sake da ita. Allah Ya sa mu dace.