Kasina

Kasina (daga harshen Pali, ma'anarsa "gaba ɗaya") hanya ce ta tattara hankali a addinin Buddha, inda mutum ke ƙura wa abu guda ido har zuciyarsa ta natsu. Sunan ba shi da alaƙa da Katsina.

Littafin Visuddhimagga, wanda Buddhaghosa ya rubuta a Siri Lanka a ƙarni na 5, ya lissafa iri goma. Huɗu daga ciki launuka ne: shuɗi, rawaya, ja da fari. Don yin na shuɗi, akan cika faifai da shuɗɗan furanni, a ɓoye karansu yadda launin kaɗai zai fito. Sai mutum ya yi ta kallo yana maimaita sunan launin a zuci, har ya riƙa ganinsa ko da ya rufe ido. Buddhaghosa ya ce launukan sun fi dacewa da mai saurin fushi.