Hukuncin yi wa kayan aikin da ke cikin motar sana'a inshora

TAMBAYA

Ni mai aikin wutar lantarki ne da haɗa sola, ina zaune a Kawo, cikin garin Kaduna. Ina da ƙaramar bas da nake zuba kayan aikina a ciki, kamar janareta, injin huda bango, injin yankan ƙarfe, tsani da mitoci, kuma a cikinta suke kwana a ƙofar gida. Kwanakin baya an fasa motar wani abokin sana'armu an kwashe masa kaya, har yau bai koma aiki ba. Wani ya ba ni shawarar in yi wa kayana inshora, wani kuma ya ce haramun ne. Mene ne hukunci? Kuma ita inshorar motar da nake biya duk shekara, ba ta haɗa da kayan ba?

AMSA

Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah da alayensa da sahabbansa.

A taƙaice: neman hanyar kare jarinka abu ne mai kyau, bai saɓa wa tawakkali ba. Amma inshorar kasuwanci da kamfanonin da aka saba suke sayarwa ba ta halatta ba a wurin mafi yawan malaman wannan zamani, in dai mutum da zaɓinsa ya shiga. Abin da ya halatta gare ka shi ne takaful, ko asusun taimakon juna tsakaninka da abokan sana'arka. Inshorar motar da doka ta tilasta kuwa, babu laifi a kanka ka biya ta, sai dai ba ta biyan kayan aikinka idan an sace su.

Kare dukiya ba rashin tawakkali ba ne

Ka sani ɗan'uwa, kiyaye dukiya na daga cikin manyan abubuwa biyar da shari'a ta zo don tsare su, tare da addini da rai da hankali da zuriya. Tirmizi ya ruwaito daga Anas ɗan Malik, Allah Ya ƙara masa yarda, cewa wani mutum ya tambayi Annabi (SAW) ko ya ɗaure taguwarsa ko ya sake ta ya dogara ga Allah, sai ya umarce shi da ya ɗaure ta sannan ya yi tawakkali. Kayan aikin mai sana'a su ne gonarsa. Idan aka kwashe su, ba kuɗinsu kawai ya rasa ba, har da abincin iyalinsa na makonni. Don haka ana duba hanyar da za a bi ne, ba niyyar karewar ba.

Me ya sa aka hana inshorar kasuwanci?

A wannan inshora kana sayen alkawari ne daga kamfani: ka biya wani adadi duk shekara, shi kuma ya biya ka idan asara ta auku. Kuɗin da ka biya ya zama mallakin kamfanin. Malamai sun ga abubuwa uku a ciki:

1. Garari, wato rashin sanin abin da za a samu a cikin ciniki. Misali ka biya naira 60,000. Ba ka san ko za ka karɓi wani abu ba, kamfanin ma bai san nawa zai biya ba. Muslim ya ruwaito daga Abu Huraira cewa Annabi (SAW) ya hana cinikin garari.

2. Kama da caca. Idan shekara ta wuce lafiya, kamfani ya ci kuɗinka ba tare da ya ba ka komai ba. Idan aka fasa motar a wata na biyu, kai ka karɓi ninkin-ba-ninkin abin da ka biya. Ribar ɗayanku ita ce asarar ɗayan. Aya ta 90 ta Suratul Ma'ida ta haramta caca, aya ta 29 ta Suratun Nisa'i kuma ta hana cin dukiyar juna ta hanyar ɓarna.

3. Riba. Kuɗi ne ake musaya da kuɗi, da fifiko da kuma jinkiri. Ƙari a kan haka, kamfanonin sukan juya abin da suka tara a wuraren da ake biyan kuɗin ruwa.

Malamin Hanafiyya Ibn Abidin, wanda ya rasu a 1836, yana cikin waɗanda suka fara tattauna mas'alar, game da inshorar kayan da 'yan kasuwa ke ɗorawa a jiragen ruwa, kuma bai halatta karɓar diyyar ba idan a ƙasar Musulmi aka ƙulla. Majalisar Manyan Malamai ta Saudiyya ta haramta inshorar kasuwanci a shekara ta 1397 bayan Hijira. Majalisar Fiƙihu ta Rabiɗa da ke Makka ta bi bayanta a 1398. Haka ita ma Majalisar Fiƙihu ta Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi, a ƙudurinta mai lamba 9 na zaman da ta yi a Jidda cikin Disamba 1985, ta haramta ta, ta kuma bayyana cewa madadinta shi ne inshorar taimakon juna da aka gina a kan kyauta. Akwai waɗanda suka saɓa, mafi shahararsu Shaikh Mustafa Az-Zarƙa na Siriya, wanda yake ganin halaccinta. Amma ra'ayin mafi yawa shi ne hani, kuma shi ne muke ba ka fatawa da shi, musamman da yake akwai madadi a ƙasar nan.

Inshorar motar da kake biya

Dokar Najeriya ta wajabta wa duk mai abin hawa inshorar da ke biyan mutumin da ya yi wa ɓarna a hanya. Daga Janairu 2023 hukumar kula da inshora ta ƙasa, NAICOM, ta mayar da kuɗinta naira 15,000 ga motar gida, da iyakar diyyar dukiya naira miliyan 3, sannan naira 20,000 ga motar da mutum ke ɗaukar kayansa na sana'a, da iyakar miliyan 5. Tunda tilas ce, babu zunubi a kanka, kuma kada ka sayi takardar bogi don guje mata, wannan ha'inci ne. In ka samu kamfanin takaful da ke bayar da ita, can ya kamata ka koma.

Amma ka lura, wannan takarda tana biyan wanda ka buge ne, ko wanda ka lalata wa mota ko shago. Ba ta biyan gyaran motarka, balle janaretan da ke cikinta. Ko cikakkiyar inshorar mota ma, a al'ada jikin motar take rufewa, ba kayan sana'ar da aka ɗora mata ba. Kayan aiki suna buƙatar yarjejeniya tasu daban, kuma babu dokar da ta tilasta maka ita. Shi ya sa uzurin tilasci ba zai yi maka aiki a nan ba.

Yadda takaful yake

A takaful ba sayen alkawari kake yi ba. Kai da sauran mahalarta kuna zuba gudummawa ne a asusu ɗaya da niyyar kyauta, don a taimaki duk wanda asara ta faɗa wa a cikinku. Kamfani wakili ne, yana karɓar ladan da aka sani tun farko, ko wani kaso na ribar juya kuɗin ta hanyar halal. Asusun mahalarta daban yake da na masu kamfani. Idan an biya masu asara kuɗi ya rage, rarar ta mahalarta ce bisa ƙa'idar da aka rubuta. Idan ya gaza, kamfani ya ranta wa asusun ba tare da ruwa ba.

Za ka iya cewa ai nan ma ba ka san ko za ka karɓi wani abu ba. Haka ne. Sai dai ƙa'idar Malikiyya, kamar yadda Imam Al-Ƙarafi ya bayyana, ita ce garari yana ɓata cinikin musaya amma ba ya ɓata kyauta, domin mai kyauta ba riba yake nema ba. Tushen wannan tsari shi ne umarnin taimakon juna a kan alheri da ke aya ta 2 ta Suratul Ma'ida, da hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito na yabon da Annabi (SAW) ya yi wa Ash'ariyawa, waɗanda idan guzurinsu ya yi ƙaranci sukan tara abin da ke hannunsu wuri ɗaya su raba daidai.

An kafa kamfanin inshorar Musulunci na farko a Sudan a 1979, Maleshiya ta yi dokar takaful a 1984. A Najeriya NAICOM ta fitar da ƙa'idojin takaful a 2013, ta ba Noor Takaful da Jaiz Takaful lasisi a 2016, daga baya wasu suka biyo, kamar Salam Takaful mai hedikwata a Kano. Ƙa'idojin sun wajabta wa kowane kamfani kwamitin masana shari'a. Mun ambaci sunayen ne don bayani, ba talla ba.

Abin da za ka tambaya kafin ka sa hannu

Musulmi yana kan sharuɗɗan da ya amince da su, saboda haka kada ka sa hannu a kan abin da ba ka karanta ba. Ka tambayi wakilin kamfanin:

- Shin yarjejeniyar ta haɗa da kayan da ke cikin mota, ko sai waɗanda ke cikin shago? Da yawa daga yarjejeniyoyin sata gini suke nufi.
- Idan motar ta kwana a titi fa? Sau da yawa ana sharɗanta ta kwana cikin gida mai ƙofa ko wurin da ake gadi. Wannan shi ne ya fi shafarka.
- Dole ne a ga alamar fasawa? Galibi ba a biya idan an bar mota a buɗe.
- Idan ka ajiye ta a wurin aiki a Malali ko Unguwar Rimi ka hau bene, ko ka shiga Kasuwar Sheikh Abubakar Gumi sayen waya, tana cikin kariya? Idan aiki ya kai ka Zariya ko Abuja fa?
- Farashin sabo za a biya ko na tsoho? Nawa ne kason farko na asarar da kai za ka ɗauka?
- Cikin kwana nawa za a sanar da su, kuma wace takardar 'yan sanda suke so?
- Nawa ne ladan wakilci, kuma yaya ake raba rara?

Ka rubuta kowane inji da lambarsa da kuɗinsa, ka ɗauki hotonsa, ka adana rasit. Ko a Panteka ka sayi na hannu, ka nemi mai shago ya rubuta maka shaida. Ka faɗi ƙimar kayan ta gaskiya. Idan kayanka na miliyan 2 ne ka rubuta miliyan 1 don gudummawarka ta ragu, aka sace na naira 600,000, a bisa ƙa'idar da aka saba rabi za a biya ka, wato 300,000. Ƙara ƙima ko ƙirƙirar sata kuwa haramun ne, kuma a takaful dukiyar 'yan'uwanka mahalarta kake ci.

Asusun abokan sana'a

Idan ba ka samu yarjejeniyar da ta dace da kai ba, ku kafa asusu a ƙungiyarku. Misali mutum 40, kowa ya zuba naira 2,000 a wata, kun tara 960,000 a shekara. Wannan ya halatta da sharaɗin a zuba da niyyar kyauta, a rubuta irin asarar da ake biya da iyakar abin da mutum ɗaya zai samu, a naɗa amintattun da za su binciki kowace asara, kuma kada a ajiye kuɗin inda ake ba da ruwa. Ya bambanta da adashi, domin adashi rance ne da kowa ke kwasar nasa, wannan kuwa wanda asara ta samu kaɗai ake ba.

Wa ke da alhaki idan kaya sun ɓace?

- Kayan abokin ciniki: idan ka ɗauko injin mutum ko batirinsa don gyara aka sace a motarka, a mazhabar Malikiyya mai sana'ar da ke yi wa jama'a aiki yana lamunin abin da ya tafi da shi, sai in an samu shaidun cewa ya salwanta ba da sakacinsa ba. Ka tambaya ko yarjejeniyarka ta haɗa da kayan mutane.
- Kayan aro: injin da ka aro wurin abokin sana'a, irin wanda ake iya ɓoyewa, shi ma kana lamuninsa sai da shaida.
- Yaronka da maigadi: amintattu ne, ba a cin su tara sai an tabbatar da sakaci ko ha'inci. Kada ka yanke wa yaro albashi bisa zato.

Haka nan bai halatta ka sayi injin da ka sani, ko ka fi kyautata zaton, na sata ne ba, komai arharsa. Masu sayen irin wannan su ne ke ƙarfafa masu fasa motocin.

Idan ka riga ka shiga inshorar kasuwanci

Kada ka sabunta ta idan wa'adinta ya cika. Idan asara ta auku kafin nan, da yawa daga malamai suna ganin ka karɓi gwargwadon abin da ka biya kawai, abin da ya ƙaru ka bayar da shi ga mabuƙata ko ayyukan jama'a.

Kafin duk wannan, ka ɗaure taguwarka. Injuna masu tsada ka riƙa shigar da su cikin gida da dare, ka sa wa motar akwatin ƙarfe mai kwaɗo, ka rufe gilasanta yadda ba a hango abin da ke ciki, ka zana alamarka a jikin kowane inji. Allah Ya tsare maka dukiyarka, Ya sanya albarka a sana'arka, Ya mayar wa abokinka da mafi alheri.

Allah ne Mafi sani.