Zanen Babbar Riga: Daga Alƙalamin Kara zuwa Kwamfuta

Tun kafin Sarkin Gobir Mayaƙi ya kafa Tsibiri a 1836, babbar riga mai aiki ta zama shaidar daraja a fadojin ƙasar Hausa. Da alƙalami aikin yake farawa. Malami kan ɗauki karan rubutu da tawada, waɗanda yake rubutun allo da su, ya zana aska biyu ko aska takwas, da dagi da tambari, a jikin ƙyalle. Daga nan maɗinki ya bi sawun tawadar da zaren tsamiya, wata da watanni. Wannan gwaninta na cikin fasahar Hausawa da David Heathcote, malami a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, ya baje kolinta a Landan a 1976.

Ƙarni na 20 ya kawo keken surfani, ya rage wa hannu wahala. Yanzu kuma a fuskar kwamfuta ake tsara zanen, inji ya ɗinke shi cikin sa'o'i, rigar ta isa kasuwannin Agye, Gazawa da Gidan Runji da farashin da talaka ke iyawa.

Sai dai inji abin da aka ba shi yake maimaitawa. Sunan kowane zane da ƙa'idar jera shi suna kan tsofaffin mazana. Ya kamata malaman makaranta da ƙungiyoyin al'adu su zauna da su, su ɗauki hotunan zanensu, su rubuta sunayen, domin matashin da ke gaban kwamfuta ya san abin da yake zanawa, har ya iya ƙara nasa.