2.4 Littattafai da Finafinai a Matsayin Madogarar Tarihin Kokawar Resilin a Amurka

Babbar matsalar da mai nazarin tarihin resilin yake fuskanta ita ce ta madogara. Sana'ar ta ginu ne bisa ɓoye sirri, wato 'yan wasa su nuna wa jama'a cewa faɗan na gaske ne, alhali kuwa an riga an tsara wanda zai yi nasara. Wannan al'ada ita suke kira "kayfabe". Saboda haka, yawancin mujallun resilin na da, labarin da aka shirya suke bugawa, ba abin da ya auku ba.

Tun a 1937 Marcus Griffin ya wallafa littafin Fall Guys, inda ya bayyana yadda masu shirya wasa suke tsara sakamako. Amma sai a 1989 ne wakilan kamfanin WWF suka amsa a gaban majalisar jihar New Jersey cewa harkarsu nishaɗi ce ba gasa ba, domin su kuɓuta daga dokokin hukumar wasanni.

Fim ɗin Wrestling with Shadows na Paul Jay, wanda ya fito a 1998, shi ne misali mafi muhimmanci a nan. A ranar 9 ga Nuwamba, 1997, a birnin Montreal na Kanada, Vince McMahon ya sa aka kaɗa ƙararrawa a wasan Bret Hart da Shawn Michaels, aka ƙwace kambun Hart ba tare da ya miƙa wuya ba. Da yake Hart yana ɗauke da makirufo lokacin da suka tattauna da McMahon kafin wasan, fim ɗin ya adana shaidar cewa ba haka aka yi da shi ba. A 1999 kuma Beyond the Mat na Barry Blaustein ya nuna matar Mick Foley da 'ya'yansa suna kuka yayin da ake dukansa da kujera a ka. Wannan ya tabbatar da cewa ko da an tsara sakamako, raunin na gaske ne. A shekarar ce littafin Foley, Have a Nice Day, ya hau kan gaba a jerin cinikin littattafai na jaridar New York Times.

Duk da haka, wajibi ne a yi hattara. Ɗan wasan da ya rubuta tarihin kansa yakan kare mutuncinsa ne. Haka kuma, bayan WWF ya sayi abokin hamayyarsa WCW a 2001, kasakasan bidiyonsa sun koma hannunsa, sai ya zama wanda ya ci nasara shi ke ba da labarin wanda aka kayar. Don haka wannan bincike bai karɓi wata ruwaya ba sai da ya gwama ta da wata daga ɓangaren da ba su jituwa.